Wane Kashi Ya Fi Yawa?

Gwammaja unguwa ce a cikin birnin Kano, ta wajen arewa, kusa da Dutsen Dala. Kamar sauran unguwannin birni, ba a wuni a cikinta ba a raba wani abu ba. Mai awo yana auna wa wata yarinya rabin kwano na gero. Mahauci yana kasa nama kashi-kashi a kan faifai. Tela yana yanka yadi, uwa kuma tana gutsura wa 'ya'yanta gurasa. Ko ina aka yi rabo kuwa, tambaya guda ce ke tasowa, watau wane kashi ya fi wani yawa? Wanda bai iya amsa wannan tambaya ba, ana iya cutarsa yana murna. Yana kuma iya cutar wani bai sani ba.

Sunayen kashi

Idan aka raba abu guda gida biyu daidai wa daida, kowane gida sunansa rabi. Idan gida uku aka raba shi, kowane gida sulusi ne. Gida huɗu, rubu'i, waɗansu kuwa su kan ce kwata. Gida biyar, humusi. Gida shida, sudusi. Gida bakwai, subu'i. Gida takwas, sumuni. Gida tara, tusu'i. Gida goma, ushiri. Yawancin waɗannan sunaye daga Larabci aka samo su, malamai kuma sun daɗe suna aiki da su wajen rabon gado da fitar da zakka.

A makaranta ana rubuta kashi da lamba biyu, ɗaya bisa ɗaya, kamar haka: 3/8. Ana karanta shi, "uku bisa takwas," ko kuwa, "kashi uku cikin takwas." Lambar ƙasa ita ke faɗin gida nawa aka raba abin. Lambar sama kuwa ita ke faɗin gida nawa aka ɗauka. Watau 3/8 na gurasa, an yanka gurasar gida takwas ke nan, an ɗauki uku.

A nan akwai wani tarko da ya kan kama yara da yawa. Tun suna aji ɗaya an koya musu 8 ta fi 4, don haka sai su zaci 1/8 ya fi 1/4. Ba haka ba ne. Ku duba: in yara huɗu suka raba gurasa guda, kowa zai sami abin kirki. In yara takwas suka raba irin wannan gurasar, sai rabon kowa ya ƙanƙance. Iyakar yawan masu rabo, iyakar ƙanƙantar kashi. Haka abin ya ke a rabon gado. Matar da mijinta ya rasu bai bar ɗa ko 'ya ba, rubu'i a ke ba ta. In ya bar ɗa ko 'ya, sumuni a ke ba ta. Sumuni kuwa rabin rubu'i ne, ko da ya ke 8 ta fi 4.

Rabi shi ne magwaji

To, a ce an shigo da rake biyu gida, tsawonsu ɗaya. Aka ba wani yaro 5/12 na guda, aka ba ƙanwarsa 4/7 na ɗayan. Yaron ya dubi lambobin ya ce, "Nawa ya fi naki, gama 5 ta fi 4, 12 kuma ta fi 7."

Yarinyar ta ce, "A'a, Yaya, bari mu gwada su da rabi tukuna. Rakenka gida 12 aka raba shi. Rabin 12 nawa ne?"

Ya ce, "Shida."

Ta ce, "To, kai biyar ke hannunka, ba ka kai rabi ba ke nan. Ni kuwa nawa gida 7 aka raba shi. Rabin 7 uku ne da rabi, ga shi kuwa ina da huɗu. Na wuce rabi. Wanda ya wuce rabi ai ya fi wanda bai kai ba."

Yarinyar nan ta yi gaskiya. Ba ta ɗauki alli ba, ba ta yi dogon lissafi ba. Abin da ta yi kurum, ta nemi wani kashi wanda kowa ya san girmansa, ta jera sauran biyun kusa da shi. Irin wannan sanannen kashi shi a ke kira magwaji. Kamar yadda magini ya kan kafa sanda ya gwada tsawon katanga biyu da ita ba tare da ya ɗauko wannan ya kai wurin waccan ba, haka mai lissafi ya ke yi da rabi.

Rabi ya fi kowane magwaji sauƙi, domin ido ya saba da shi. Ko yaron da bai shiga makaranta ba, in aka ba shi kwanon fura ya san ko ya kai rabi ko bai kai ba. Shi ya sa Hausawa su kan ce ido ba mudu ba ne, amma ya san kima.

Akwai hanya biyu ta gwada kashi da rabi. Ta fari ita ce wadda yarinyar nan ta bi: a raba lambar ƙasa biyu, a dubi ko lambar sama ta kai. Ta biyu kuwa ta fi daɗi idan lambar ƙasa ba ta rabuwa biyu daidai, kamar 7 ko 9 ko 11. Sai a ninka lambar sama sau biyu. In abin da aka samu ya fi lambar ƙasa, kashin ya wuce rabi. In bai kai ba, kashin bai kai rabi ba. In sun yi daidai, rabi ne cif. Ga misali. A 4/7, huɗu sau biyu 8 ne, 8 kuwa ta fi 7, saboda haka ya wuce rabi. A 5/11, biyar sau biyu 10 ne, 10 ba ta kai 11 ba, saboda haka bai kai rabi ba. A 6/12, shida sau biyu 12 ne, rabi ne daidai.

Taro da sisi da nai

Kakanninku sun iya wannan gwaji tun ba su san sunansa ba, domin kuɗin da su ke kashewa ne ya koya musu. Kafin a fito da naira da kobo ran 1 ga Janairu, 1973, fam da sule da kwabo a ke kashewa a Nijeriya. Sule 20 ke cikin fam guda, kwabo 12 ke cikin sule guda, anini 10 kuma ke cikin kwabo guda. Kwabo uku sunansa taro, kwabo shida sisi, kwabo tara nai.

Ku lura da kyau. Taro shi ne 3/12 na sule, watau rubu'i. Sisi shi ne 6/12, watau rabi. Nai shi ne 9/12, watau rubu'i uku. Sule kuwa shi ne abin duka cikakke. Ashe magwaji huɗu ke nan suna jere kamar matakala: taro, sisi, nai, sule. Yarinyar da aka aika Kasuwar Kurmi da kwabo biyar a wancan zamani ba ta bukatar kowa ya gaya mata ba ta da rabin sule. Ta san saura kwabo ta cika sisi. Mai kwabo takwas kuma ya san ya wuce sisi, amma bai kai nai ba. Yanzu an daina kashe waɗannan kuɗi, amma matakalar nan tana nan da amfaninta. Duk kashin da aka ba ku, ku tambayi kanku a tsakanin waɗanne matakai ya ke.

In rabi bai raba gardama ba

Wani lokaci kashi biyu su kan faɗa gefe guda, watau duka su wuce rabi, ko duka su kasa. A nan sai a ƙara tambaya ɗaya: da nawa kowanne ya wuce, ko da nawa ya kasa?

Ku ɗauki 5/8 da 7/12. Rabin 8 huɗu ne, saboda haka 5/8 rabi ne da ƙarin gida ɗaya, watau ƙarin 1/8. Rabin 12 shida ne, saboda haka 7/12 rabi ne da ƙarin 1/12. Kowanne ya wuce rabi da gida ɗaya, amma kama da wane ba wane ba ne. Gidan da aka yanko daga takwas ya fi wanda aka yanko daga goma sha biyu girma. Don haka 5/8 ya fi 7/12.

In kashin biyu duka sun kusa cika, sai a gwada su da abu guda cikakke, a dubi abin da ya rage wa kowanne. Ku ɗauki tulu biyu masu girma ɗaya. Ruwan da ke cikin guda ya kai 7/8, na ɗayan ya kai 9/10. Na fari saura 1/8 ya cika, na biyu saura 1/10. Wanda giɓinsa ya fi ƙanƙanta shi ya fi ruwa. Tun da 1/10 bai kai 1/8 ba, tulu na biyu ya fi cika.

In kuwa duka ƙanana ne, sun yi nisa da rabi, sai a ɗauko rubu'i ko sulusi. Gwajin iri ɗaya ne da na rabi. Don gwadawa da sulusi, a ninka lambar sama sau uku. Don gwadawa da rubu'i, a ninka ta sau huɗu. Ku ɗauki 2/9 da 3/10. Biyu sau huɗu 8 ne, bai kai 9 ba, saboda haka 2/9 bai kai rubu'i ba. Uku sau huɗu 12 ne, ya wuce 10, saboda haka 3/10 ya wuce rubu'i. Ashe 3/10 ya fi 2/9.

Malamai masu rabon gado suna da nasu magwajin, shi ne sulusi. A shari'ar Musulunci wasiyya ba ta wuce sulusin dukiya, sai fa in magada sun yarda. In mutum ya yi wasiyya a ba wani 2/5 na abin da ya bari, sai a ninka 2 sau uku, a sami 6. Shida ta fi 5, watau wasiyyar ta wuce sulusi. In 2/7 ya ce, 6 ba ta kai 7 ba, wasiyyar tana cikin iyaka.

Amma akwai sharaɗi guda wanda bai kamata a manta da shi ba. Ba a gwada kashi biyu sai in daga abu mai girma ɗaya aka yanko su. Rabi ya fi rubu'i, wannan gaskiya ne, amma rabin kwano bai fi rubu'in buhu ba. In buhu yana cin kwano 40, rubu'insa kwano 10 ne. Saboda haka duk wanda ya ce muku, "Zan ba ku rabi," ku tambaye shi, "Rabin me?"

Ran da lissafin kashi ya je gaban alƙalai

Kada ku zaci wannan lissafi na rake da gurasa ne kaɗai. An yi wata shekara da ya tsaya a kan wanda zai shugabanci Nijeriya duka, labarin kuwa ya shafi Gwammaja.

A unguwar nan akwai wani gida sananne da a ke kira Gidan Mambayya. Nan Malam Aminu Kano ya zauna. An haife shi a 1920, ya rasu a 1983, gidan kuwa yanzu yana hannun Jami'ar Bayero, an mai da shi wurin nazari da bincike. Malam Aminu malamin makaranta ne tun kafin ya shiga siyasa, ya koyar a Bauchi da Maru.

Ran 11 ga Agusta, 1979, aka yi zaɓen shugaban ƙasa. Mutum biyar suka tsaya: Alhaji Shehu Shagari, wanda shi ma dā malamin makaranta ne, da Cif Obafemi Awolowo, da Dokta Nnamdi Azikiwe, da Malam Aminu Kano, da Alhaji Waziri Ibrahim. Dokar zaɓe ta kafa sharaɗi biyu. Na ɗaya, wanda zai ci sai ya fi kowa yawan ƙuri'u. Na biyu, sai ya sami aƙalla rubu'in ƙuri'un da aka jefa a kowace jiha cikin kashi biyu bisa uku na jihohin ƙasar. An yi haka ne don kada mutum ya zama shugaba da goyon bayan yanki guda kaɗai. Kun ga rubu'i ya zama magwaji ke nan.

A lokacin jihohi 19 ne a Nijeriya. To, kashi biyu bisa uku na 19 nawa ne? A ninka 19 sau biyu, a sami 38. A raba 38 gida uku, a sami 12, saura 2. Watau jiha 12 da 2/3 na jiha.

Da aka ƙirga, Alhaji Shehu Shagari ya fi kowa yawan ƙuri'u, ya kuma sami rubu'i ko fiye a jiha 12. Jiha ta goma sha uku da ya fi samun kashi mai yawa ita ce Kano, wadda a lokacin ta haɗa har da ƙasar da ta zama Jihar Jigawa a 1991. A Kano kuwa mutumin Gwammaja ne ya kwashe yawancin ƙuri'u, gama Malam Aminu ya sami fiye da kashi uku cikin huɗu. Cikin ƙuri'u 1,220,763 da aka jefa a jihar, Alhaji Shehu Shagari ya sami 243,423.

Lambobin nan manya ne, amma kada su ba ku tsoro. Ku gwada su kamar yadda kuka gwada na baya. A ninka 243,423 sau huɗu, a sami 973,692. Wannan bai kai 1,220,763 ba, saboda haka bai sami rubu'i ba. A ninka sau biyar, a sami 1,217,115, wanda kaɗan ya rage ya kai. Watau abin da ya samu ya yi kusa ƙwarai da humusi. A ninka sau shida, a sami 1,460,538, wanda ya wuce. Ashe ya fi sudusi. Kashinsa yana tsakanin sudusi da rubu'i.

A nan gardama ta tashi. Cif Awolowo, wanda ya zo na biyu, ya ce ba a gutsura jiha, saboda haka jiha 13 cikakku a ke bukata, magwajin kuwa a Kano rubu'i ne, ba a kuwa kai shi ba. Ɗaya ɓangaren suka ce a'a, doka 12 da 2/3 ta nema, saboda haka a jiha ta goma sha uku rubu'in kashi biyu bisa uku kaɗai a ke bukata.

Rubu'in kashi biyu bisa uku nawa ne? Ku koma ga sule. A ce ƙuri'un Kano duka sule guda ne, watau kwabo 12. Rubu'insa taro ne, kwabo 3. Kashi biyu bisa uku na sule kuwa kwabo 8 ne, rubu'in 8 kuma kwabo 2 ne. Kwabo 2 cikin 12 shi ne sudusi. Abin da Alhaji Shehu Shagari ya samu kuwa, a wannan misali, ya kai wajen kwabo 2 da anini 4. In taro ne magwaji, bai kai ba. In kwabo 2 ne, ya wuce.

Magana ta kai har Kotun Ƙoli a Ikko, watau Legas. Ran 26 ga Satumba, 1979, mafi yawan alƙalan suka yanke hukunci cewa Alhaji Shehu Shagari ya cika sharaɗi, aka kuwa rantsar da shi ran 1 ga Oktoba. Har yanzu masana shari'a su kan tattauna wannan hukunci, waɗansu na ganin daidai ne, waɗansu na ganin ba haka ba. Amma ku lura da inda gardamar ta ke. Kowa ya yarda humusi bai kai rubu'i ba, kowa kuma ya yarda ya fi sudusi. Abin da aka yi jayayya a kansa shi ne wane magwaji za a ɗauka. Shi ya sa mutane masu hankali, in za su yi ciniki ko rabo, su kan fara shiryawa a kan mudun da za a auna da shi tun ba a kwance bakin buhu ba.

Abin da za ku riƙe

In aka ba ku kashi biyu aka ce wanne ya fi, kada girman lambobi ya ruɗe ku, kada kuma ku yi gaggawar shiga dogon lissafi. Ku fara tabbatarwa daga abu mai girma ɗaya aka yanko su. Sa'an nan ku gwada kowanne da rabi. In ɗaya ya wuce, ɗaya bai kai ba, magana ta ƙare. In suna gefe guda, ku dubi nisan kowanne daga rabi, ko ku ɗauko rubu'i, ko sulusi, ko abu guda cikakke. Akwai kashin da ke kusa da juna ƙwarai har magwaji ba ya iya raba su, waɗannan sai an mai da lambobinsu na ƙasa iri ɗaya, za ku koyi wannan a gaba. Amma ko a can magwaji ba zai bar yi muku amfani ba. Yaron da ya haɗa 1/2 da 1/3 ya sami 2/5, in ya gwada amsarsa da rabi zai gane ya yi kuskure nan da nan, gama ba ya yiwuwa a ƙara wa rabi wani abu a sami abin da bai kai rabi ba.

Tambayoyi

1. Me lambar ƙasa ke faɗi, me kuma lambar sama ke faɗi?
2. Don me 1/8 bai kai 1/4 ba, ga shi kuwa 8 ta fi 4?
3. Cikin waɗannan, waɗanne suka wuce rabi, waɗanne ba su kai ba: 3/7, 5/9, 6/13, 8/15, 10/20?
4. Wanne ya fi yawa, 4/9 ko 3/5? Ku faɗi dalili.
5. Wanne ya fi yawa, 5/6 ko 11/12? Wane magwaji kuka ɗauka?
6. Kwabo 7 kashi nawa ne na sule? A tsakanin waɗanne matakai ya ke?
7. Wani ya yi wasiyya da 3/10 na dukiyarsa. Ta wuce sulusi ko ba ta wuce ba?
8. A zaɓen 1979, wane magwaji kowane ɓangare ya ce a ɗauka a Jihar Kano?
9. Ku tambayi wani dattijo a unguwarku abin da a ke iya saye da taro ko sisi a zamanin ƙuruciyarsa, ku zo ku gaya wa 'yan ajinku.